Birkilan Flachau: Tarihin Hermann Maier

Duk shekara, idan ruwa ya janye daga fadamun Haɗejiya, aka gama yankan shinkafa, hunturu ya fara kaɗawa, akwai baƙin da ke sauka a ƙasarmu ba sallama. Wanda ya taɓa kwana a Baturiya, ko ya bi hanyar Guri a watan Disamba, ya san su: agwagin ruwa da ƙananan tsuntsaye masu dogayen ƙafafu, garke-garke, suna kiwo a bakin tafkuna. Daga Turai da yammacin Asiya suke tasowa, su ƙetare teku, su ƙetare Sahara. Abin da ya koro su dusar ƙanƙara ce, wadda ke rufe ƙasarsu wata da watanni har tsuntsu ya rasa abin tsattsaga. Mu muna kukan sanyi mai fasa leɓe da diddige, su kuwa wannan sanyin namu shi ne ɗuminsu.

A can inda suka baro, akwai mutanen da wannan lokacin ne kakarsu, shekara guda suke yi suna jiran ƙanƙarar ta sauko. Tarihin ɗaya daga cikinsu nake so in bayar. Na fara ganinsa ne a wayar wani yaro a teburin mai shayi, cikin wani ɗan gajeren bidiyo: mutum sanye da jar riga ya sako daga kan farin dutse, sai ga shi a sama kamar an cilla shi da majajjawa, ya juya, ya faɗo ta ka, ya keta raga biyu ya wuce. Na ce, Allah ya jiƙansa. Yaron ya yi dariya ya ce ai bai mutu ba, bayan kwana uku ma ya ci zinare. Tun ranar nake bin labarinsa, kuma da na gano cewa birkila ne kafin duniya ta san shi, sai na ji ya zama na gida.

Sai an fara da ƙasar da wasan, domin mai karatu a nan bai taɓa taka ƙanƙara ba, ni ma haka. Ostiriya ƙaramar ƙasa ce a tsakiyar Turai, ba ta da bakin teku, faɗinta bai kai ninki huɗu na jihar Jigawa ba, mutanenta kusan miliyan 9. Kusan kashi biyu cikin uku na ƙasar duwatsun Alps ne, mafi tsawonsu ya kai mita 3,798. Mutumin Haɗejiya, wanda ya tashi a shimfiɗaɗɗiyar ƙasa inda kogi kansa ke rasa ina ne gangare har ya bazu cikin gonaki, zai sha wuya kafin ya suranta wannan a ransa. Ƙauyukansu a cikin kwaruruka suke, kuma a da idan sanyi ya shigo talauci ne ke shigowa tare da shi, shanu a ɗaki, mutane a ɗaki. Wasan zamiya a kan ƙanƙara ne ya juya wannan lokacin ya zama lokacin samu, saboda baƙi da ke tururuwa da kuɗinsu.

Yadda ake wasan shi ne mutum ya ɗaura dogayen alluna biyu sirara a ƙafafunsa, ya riƙe sanda a kowane hannu, ya sako daga saman dutse yana ratsa tsakanin tutoci da aka kafa ƙofa-ƙofa. Ba a tashi tare kamar sukuwar dawaki. Ɗaya bayan ɗaya ake sakinsu, agogo ne alƙali, kuma agogon yana raba sakan ɗaya gida ɗari. Tseren iri huɗu ne. Akwai gangara, mafi tsawo da gudu, inda ake wuce kilomita 130 a awa, gudun da direban Haɗejiya zuwa Kano ma sai ya yi shahada kafin ya taka, ga shi nan ba mota, ba birki, sai hular kwano. Akwai silalom, mai ƙofofi kusa-kusa da lanƙwasa kamar tafiyar maciji. Akwai babban silalom mai buɗaɗɗun kwana. Sai Sufa-Ji, wanda ya haɗa gudun gangara da kwanar babban silalom, kuma ba a yarda a gwada hanyarsa da gudu kafin tsere ba, sai dai mutum ya bi ta a hankali da safe ya haddace ta. Gasar Kofin Duniya, wadda aka fara a 1967, tana zagaya ƙasashe duk lokacin sanyi. Wanda ya zo na ɗaya a tsere yana samun maki 100, ana ba da maki har zuwa na 30, a ƙarshen kaka a tara, wanda ya fi maki ya ɗauki babban kofi.

A Ostiriya wannan wasa ya fi ƙwallon ƙafa daraja, kuma da dalili. A garin Lilienfeld wani mai suna Mathias Zdarsky ya shirya tseren ratsa tutoci tun 1905. Ƙasar ta rasa daularta a 1918, Hitler ya haɗe ta da Jamus a 1938, bayan yaƙi kuma sojojin ƙasashe huɗu suka zauna a cikinta har 1955. 'Yan watanni da fitarsu, a farkon 1956, wani saurayi Toni Sailer ya kwashe zinare uku a gasar Olamfik ta Cortina. Al'ummar da ta daɗe kanta a sunkuye ta samu abin ɗaga kai. Bayansa aka yi Karl Schranz, aka yi Franz Klammer wanda ya ci gangara a Innsbruck a 1976, aka yi Annemarie Moser-Pröll, 'yar manoma daga Kleinarl, wadda ta ci tsere 62 da babban kofi sau shida. Amma tun da Schranz ya ɗauki babban kofin maza a 1970, shekaru suka yi ta wucewa ba wani namiji da ya sake kawo shi gida da tutar Ostiriya. Wasan kuma yana cin rai. A 1991 Gernot Reinstadler, ɗan shekara 20, ya rasu bayan faɗuwa a Wengen. A Janairun 1994 Ulrike Maier, zakarar duniya sau biyu kuma uwar 'ya ɗaya, ta rasu a tseren Garmisch ana kallo a talabijin. Suna kawai suka haɗa da mai wannan tarihi, ba dangi ba ne.

An haifi Hermann Maier ranar 7 ga Disamba 1972 a Altenmarkt, cikin jihar Salzburg, ya tashi a Flachau, ƙauye mai mutum 'yan dubbai, tsallaken dutse kaɗan daga garin su Moser-Pröll. Mahaifinsa yana da makarantar koyar da zamiya, don haka yaron ya san alluna kamar yadda ɗan masunta ke sanin kwale-kwale, tun bai yi wayo ba. Da ya taso aka kai shi makarantar Schladming, inda ake haɗa karatu da horon 'yan tsere, wato ɗaya daga ƙofofin da zakarun ƙasar ke bi. Yana ɗan shekara 15 aka mayar da shi gida. Jikinsa ƙarami ne, ba ƙiba, ga wani ciwon gwiwa da ke kama yara masu tasowa, inda jijiya ke jan ƙashin ƙwauri tun bai gama ƙwari ba. Malaman suka duba, suka yanke cewa wannan ba zai yi ba.

Ba na ganin mugunta a hukuncinsu. Abin da suka gani a ranar gaskiya ne. Kuskuren shi ne ɗaukar awon ɗan shekara 15 a matsayin awon mutum, alhali kowane manomi ya san akwai gero mai saurin fitar da kai, akwai maiwa mai jinkiri, kuma jinkirin maiwa ba lalacewa ba ce.

Da ya koma gida sai ya shiga koyon gini. A can koyon sana'a yana da tsari, yaro yana aiki ƙarƙashin maigida yana kuma zuwa makarantar sana'a, a ƙarshe a jarraba shi a ba shi takarda. Maier ya gama ya zama cikakken birkila. Da bazara yana kan sikafol, yana kwaɓa siminti, yana tura baro, yana jera bulo. Idan ƙanƙara ta sauko gini ya tsaya, sai ya koma makarantar mahaifinsa yana koya wa yara da baƙi yadda za su tsaya a kan alluna ba su kife ba. Shi ma wannan ya yi jarrabawarsa ya samu shaidar gwamnati. Duk wanda ya taɓa ɗaukar kwanon kankare ranar zuba dakin ya san abin da wannan aiki ke yi wa kafaɗa da cinya da gadon baya. Yaron da aka kora saboda ƙanƙanta ya zama ƙato mai ƙirar samudawa. Bai daina tsere ba. Kafin ɗalibai su iso da safe yakan hau dutse shi kaɗai ya yi nasa horon, yana shiga ƙananan gasanni na jiha yana ci. Amma ƙungiyar ƙasa tana da jerin sunayenta, kuma sa'o'insa da ke cikin jerin sun riga sun yi nisa. A wannan wasa ɗan shekara 23 da ba a san shi ba ana ɗaukarsa ya makara.

Ranar 6 ga Janairu 1996 aka kawo babban silalom na Kofin Duniya har Flachau. A al'adar wasan, kafin ɗan tsere na farko ya tashi ana sakin 'yan share fage, samarin gari, su bi hanyar domin a tabbatar da lafiyarta da lafiyar agogo, kamar yadda ake sa yara su fara kokawa kafin manya su shigo fili. Ba a lissafa su cikin gasa, ba su da lada. Maier na cikinsu. Da aka duba lokacinsa, sai aka ga da a cikin gasar yake da shi ne na 12 a duniya.

A nan ne labarin ya fi taɓa ni. Agogo bai san ɗan wane ba, bai san an taɓa korar mutum ba. Kuma a yaba wa shugabannin wasan na ƙasarsa: da agogo ya yi magana ba su tsaya kare tsohon hukuncinsu ba. Cikin 'yan kwanaki suka ba shi gurbi a gasar Kofin Turai, matakin da ke ƙasa da na duniya. Ya zo na biyu a tserensa na farko, ya fara ci daga nan, kuma duk da ya shigo a tsakiyar kaka shi ya ɗauki kofin a ƙarshe. Nakan tuna da wannan idan na tsaya a bakin kogi da damina ina kallon yaran da ke tsallake shi da iyo lokacin da ya cika ya batse, ko samarin da ke tuƙa kwale-kwale cikin kacala kamar sun haɗa jini da ruwan. Akwai tseren iyo da na kwale-kwale a Olamfik, da zinare iri ɗaya da na Maier. Ban taɓa ganin wani ya tsaya a gaɓa da agogo a hannu ba. Nijeriya ta fara zuwa Olamfik ta lokacin sanyi a 2018, da su Seun Adigun da Simidele Adeagbo, sannan Samuel Ikpefan a 2022, dukansu waɗanda suka tashi a ƙasashen waje inda ake auna yara. Abin da ke hannunmu a nan, ruwa da rairayi da ƙarfin damtse, shi ne ba mu auna ba.

Ranar 10 ga Fabrairu 1996 Maier ya yi tserensa na farko a Kofin Duniya a Hinterstoder, ya zo na 26. A Janairun 1997 ya faɗi a gangarar Chamonix ya karya hannu. Wata guda bayan nan, ranar 23 ga Fabrairu, ya ci Sufa-Ji a Garmisch, nasararsa ta farko. Daga kakar da ta biyo baya kuwa sai aka rasa mai tare shi. Salonsa ba na ado ba ne. Inda wasu ke zagaye kwana cikin lallashi, shi yanke ta yake yi, ya bi mafi gajeriyar hanya, ya bangaje tuta da kafaɗa, ya dogara ga ƙarfin cinya ya riƙe shi a inda wani zai zube. A Disambar 1997 ya ci tsere a Val d'Isère aka ƙwace, saboda ya cire allonsa ya ɗaga wa masu hoto kafin ya tsallake jan layin da doka ta gindaya. Ya haɗiye, ya ci gaba da ci.

A haka aka isa Olamfik ta Nagano a Japan. Yanayi ya yi ta hana tseren gangara, sai ranar Juma'a 13 ga Fabrairu 1998 aka samu yi. Bai cika sakan 20 da tashi ba ya shiga wata kwana da gudun da ya fi ƙarfinta, ya ƙi sassautawa. Ƙasa ta kuɓuce masa. Wannan ne bidiyon da na gani a teburin mai shayi: yana gudun fiye da kilomita 100 a awa ya tashi sama a kwance, ya faɗo a kan kafaɗa da kai, ya yi ta ƙundumbala, ya ratsa ragar kariya biyu, ya nutse cikin tulin ƙanƙara. Mutanen ƙasarsa na kallo cikin dare, kuma shekara huɗu kacal ke nan da rasuwar Ulrike Maier. Can sai aka ga ya motsa, ya miƙe, ya ɗaga hannu. Bafaranshe Jean-Luc Crétier ne ya ci zinaren ranar, amma kaɗan ne ke tuna shi. Maier ya fita da kumburarriyar gwiwa da ciwon kafaɗa. Hazo da ruwa suka sake sa aka ɗage tsere na gaba, jinkirin ya zame masa alheri. Ranar 16 ga wata ya ci zinaren Sufa-Ji, ranar 19 ya ci na babban silalom. Daga nan laƙabin Herminator ya bi shi duniya, an gina shi a kan sunan fim ɗin ɗan ƙasarsu Arnold Schwarzenegger, wanda yaranmu suka fi sani da Komando. A ƙarshen kakar, da nasara 10, ya ɗauki babban kofi, na farko ga mazan Ostiriya cikin shekara 28.

Shekaru ukun da suka biyo baya na mulki ne, ba sai an daɗe a kansu ba. A Disambar 1998, a wani Sufa-Ji kusa da Innsbruck, 'yan Ostiriya ne suka kama daga na ɗaya har na tara, shi ne a gaba. A gasar zakarun duniya ta 1999 a Amurka ya ci gangara, ya kuma raba zinaren Sufa-Ji da Lasse Kjus ɗan Norwe, domin agogo ya kasa raba su. A kakar 2000 ya tara maki 2000 cif, adadin da wani namiji bai wuce ba sai Marco Odermatt a 2023. A kakar 2001 ya ci tsere 13, ya kamo tarihin da Ingemar Stenmark ya kafa a 1979. A bayan wannan duka akwai horo mai gundura a Obertauern ƙarƙashin Heinrich Bergmüller, awa da awanni a kan keken da ba ya zuwa ko'ina, ana ɗigar jini daga kunnensa ana auna gajiya.

Akwai mutumin da ya kamata a ambata da adalci, Stephan Eberharter. Shi ta ƙofar gaba ya shigo, ya zama zakaran duniya sau biyu a 1991 yana ɗan shekara 21, sannan rauni ya kayar da shi har ya koma ƙaramar gasa. Ya yi ta fafutika ya dawo sama, sai ya tarar da birkila ya riga shi zama a kujerar. Shi ne na biyu a Nagano, shi ne na uku a babban kofi a 1998, na biyu a 2001. A ƙungiya ɗaya suke, otal ɗaya suke kwana, amma ba a shaide su da abota ba. Maier na wancan lokacin mutum ne mai zafi, wanda korar da aka yi masa ba ta bar ransa ba, kuma zama kusa da irinsa ba daɗi.

Ranar 24 ga Agusta 2001, da yamma, yana komawa gida daga horo a kan babur, ya yi karo da motar wani dattijo Bajamushe kusa da Radstadt. Aka tsince shi a gefen hanya ƙwaurinsa na dama ya ragargaje, ƙashi a waje. Mutumin da dutsen Japan ya kasa karyawa, kwalta ta karya shi a kusa da gida. A asibitin Salzburg likitoci suka yi awa bakwai a kansa. Maganar yanke ƙafar ta taso, tsokar da ta dagargaje kuma ta so ta kashe masa ƙoda. Suka zura dogon ƙarfe cikin ƙashin, suka ɗebo fata daga damtsensa suka rufe raunin. A kwanakin farko ba a maganar tsere, ana maganar ko zai sake tafiya daidai.

Wannan ɓangare ba baƙo ba ne a wurinmu. Babu unguwar da ba ta da wanda babur ya kayar. Bambancin yana cikin awannin farko. A nan, saboda kusanci da ƙarancin kuɗi, da yawa wurin mai ɗori ake fara kai mutum, kuma masu ɗorinmu sun iya aikinsu a karaya mai sauƙi. Amma idan ƙashi ya fasa fata ya fito, abin ya wuce kara da tsumma, ga asibitin ƙashi na Dala kusan kilomita 200 daga Haɗejiya. Na san ƙafafun da aka rasa a wannan tazarar. Jarumtar Maier gaskiya ce, amma ƙafar da ya yi jarumtar da ita likitoci ne suka ajiye masa a daren farko.

Ya rasa kakar 2002 ɗungurungum, har da Olamfik ta Salt Lake City. Eberharter ya samu fili, ya ɗauki babban kofi a 2002 da 2003, kuma ya cancanta. Maier kuwa yana koyon taka ƙasa. Ƙafar ta canza siffa har sai da aka yi ta sassaƙa masa takalmin tsere kafin ta shiga, jijiyoyin da suka mutu kuma suka hana shi jin ƙanƙara a tafin ƙafa yadda ya saba, alhali da tafin ƙafa ɗan tsere ke karanta hanya. Ya gwada dawowa, ciwo ya mayar da shi. Sai ranar 14 ga Janairu 2003 ya tsaya a bakin ƙofar tashi a Adelboden. Mutum 30 ake ɗauka zuwa zagaye na biyu, ya zo na 31. Masu sharhi suka yaba masa irin yabon da ake yi wa wanda aka gama da shi.

Kwana 13 bayan nan aka je Kitzbühel. Wannan dutse shi ne abin tsoron 'yan tsere: hanyar gangararsa ta haura kilomita uku, tana sauka mita 860, akwai inda gangaren ya yi tsanani ƙwarai. Ranar 27 ga Janairu, ƙanƙara na zuba, Maier ya ci Sufa-Ji a can. A ƙasan dutsen ya sunkuyar da kai yana hawaye, mutanen da suka san shi da taurin fuska suka ga wani mutum dabam. A ganina wannan ce babbar ranarsa, ta fi Nagano. A Nagano ƙuruciya ce da rashin sanin ciwo. A Kitzbühel ya riga ya san abin da karyewa take nufi, ya san ƙarfe ne ke riƙe da ƙafarsa, ya kuma sake sakin kansa a kan wannan gangare.

Wata guda bai cika ba ya samu azurfa a gasar zakarun duniya a St. Moritz, a bayan Eberharter. A kakar 2004 ya yi abin da ko masoyansa ba su sa rai ba, ya ɗauki babban kofi karo na huɗu, Eberharter na biye da shi da tazara kaɗan, aka kuma ba shi lambar Laureus ta wanda ya fi kowa farfaɗowa a wasannin duniya. A 2005 ya ci zinaren babban silalom a Bormio. A Olamfik ta Turin a 2006 ya samu azurfa a Sufa-Ji da tagulla a babban silalom. Sufa-Jin Kitzbühel kaɗai sau biyar ya ci shi. Waɗanda suka yi zamani da shi sun shaida cewa Maier na bayan haɗari ya fi sauƙin kai da fara'a, ya koyi yin murna da na biyu da na uku.

Daga nan jiki ya fara karɓar bashinsa. Kusan shekara uku bai ci tsere ba, ya sauya kamfanin allunansa daga Atomic zuwa Head, jaridu suka fara tambayar me yake jira. Ranar 30 ga Nuwamba 2008, saura mako guda ya cika shekara 36, ya ci Sufa-Ji a Lake Louise ta Kanada. Ita ce ta 54 kuma ta ƙarshe: 24 a Sufa-Ji, 15 a gangara, 14 a babban silalom, ɗaya a haɗakar gangara da silalom. Guda 41 kafin haɗarin, 13 bayansa. A lokacin Stenmark kaɗai ya fi shi a cikin maza, sai a 2018 wani ɗan jiharsu, Marcel Hirscher, ya wuce shi. Bayan an yi masa aiki a gwiwa, ya tara 'yan jarida a fadar Hofburg da ke Biyana ranar 13 ga Oktoba 2009, ya sanar da ajiye tsere, kuka na sarƙe masa murya.

Bai zauna ba. A ƙarshen 2010 ya shiga wani tseren ƙafa zuwa ƙuryar kudancin duniya, tawagar Ostiriya da ta Jamus, kowa na jan kayansa a kan ƙanƙara, tasu ta riga isa. Daga baya ya shiga harkar otal tare da tsohon abokin tserensa Rainer Schönfelder, wato ya koma kusa da gini, ya kuma janye iyalinsa daga idon jama'a.

Gangaren Flachau da ya bi a matsayin ɗan share fage yanzu sunansa yake ɗauke da shi. A watan Janairu, lokacin da agwagin Turai ke kiwo a tafkunan Baturiya, akan kunna fitilu a kansa da dare a yi silalom na mata na Kofin Duniya, dubban mutane su cika gindin dutsen. Kafin 'yar tsere ta farko ta tashi, sai an fara sakin 'yan share fage.